Hamadar Sha-Inuwa da lissafin da Baffa ya bar mana

Kakanmu ya taso daga ƙasar Kano da niyyar aikin Hajji a ƙafa, ta hanyar da Hausawa masu yawa suka bi a wancan zamani: Maiduguri, Kuseri, a haye ruwa zuwa Fort-Lamy, daga nan Abeshe, sai Sudan. Guzuri ya ƙare masa a Fort-Lamy, garin da aka mayar wa suna Injamena a 1973. Ya tsaya neman na gaba, aure da 'ya'ya suka zaunar da shi. Babban ɗansa, wanda muke kira Baffa, ya tashi yana bin ayarin Tubawa, su kai gero arewa su dawo da dabino da kanwar Borku. Ni kuma na yi shekara ashirin da bakwai a manyan motocin hanyar Faya, a arewacin Chadi, daga yaron mota har na riƙe sitiyari. Iyakar abin da zan faɗa game da kaina ke nan. Shaidar da nake so in bayar a kan tatsuniya ɗaya ce da Baffa yake yi mana, ta wata hamada da babu ita a taswirar kowa, mai suna Sha-Inuwa. Kwanan baya na ji yaran unguwarmu suna yin ta, sun riƙe aljanun sun zubar da lissafin, alhali lissafin shi ne tatsuniyar. Shi ya sa na zauna in rubuta ta da awonta.

Tatsuniya ce, ba aƙida ba, kuma Baffa da kansa yakan fara da "ga ta nan, ga ta nanku" don kada wani yaro ya ɗauke ta wani abu daban.

Sha-Inuwa tana bayan rijiya ta ƙarshe mai suna. Babu dodo a cikinta, babu zaki mai magana. Ƙasar ce take da ƙishi, kuma abin da take sha inuwar mai rai ce. Kowane mutum yana shiga da inuwa ƙafa bakwai, domin tsawon mutum ƙafa bakwai ne da tafin ƙafarsa, awon da malamai suke duba shigar La'asar da shi kafin agogo ya wadata. Wanda ya wuni a fili rana tana dukansa, hamada ta sha masa ƙafa biyu. Wanda ya wuni a ƙarƙashin rumfa, ta sha rabin ƙafa, don inuwarsa ta ɓuya cikin ta rumfar, sai ɗan abin da ya tsiyaya. Faɗin hamadar zango goma sha biyu ne. Idan aka yi komai daidai, mutum zai fita da ƙafa ɗaya tak. Wannan ƙafa ɗaya ita ce dukan rarar da ke hannun matafiyi, kuma ba ta wuce jinkirin kwana biyu a rumfa ba. Wanda hantsi ya riske shi yana tafe bai kafa rumfa ba, ana cire masa rubu'in ƙafa a kan na ranar. Kuskure huɗu irin wannan sun cinye rarar.

To yaya mutum zai san abin da ya rage masa? Da sanda. Hamada ba ta shan inuwar abin da ba shi da rai, don haka kowane matafiyi yana da sanda da aka datse daidai tsawonsa, daga ƙasa zuwa tsakar ka. Da yamma sai ya kafa ta a miƙe, ya jira inuwarta ta kai ƙafa bakwai, ya tsaya kusa da ita, ɗan'uwansa ya ja layi a inda inuwar kansa ta tsaya, sannan ya auna da diddige bisa yatsa. Bambancin da ke tsakanin layin biyu shi ne abin da aka sha. Sharaɗin sandar shi ne ta bushe shekara guda cur, kuma an fi son aduwa ko magarya. A nan mutane suke halaka. Ɗanyen icce yana da sauran rai a jikinsa, hamada tana shan inuwarsa tare da ta mai shi, sai layukan biyu su riƙa zuwa daidai kullum. Mai ita yana murna bai rasa komai ba har ranar da zai faɗi. Saboda haka madugu ba ya karɓar sandar kowa sai ya ƙwanƙwasa ta da zobe ya ji ƙararta, ya kankare gindinta da wuƙa ya shinshina.

Baffa yakan fito da mu tsakar gida bayan La'asar, ya kafa karan dawa a gaban kowane yaro, ya ja layi da toka. Sai ya share wani yanki na layin da ƙafarsa ya ce, "Kai ɗan nan, auna." Yaro ya auna ya ce, "Huɗu da rabi, Baffa." Ya ce, "Zango nawa ka yi?" "Huɗu." "To ina rabin ƙafata? A ina ka zubar da ita?" Ba ya barin yaro ya zauna sai ya faɗi inda aka yi asarar, ko hantsi biyu, ko hannu da ya leƙa wajen rumfa. Da haka muka iya rabi da rubu'i tun ba mu shiga makarantar boko ba.

Rumfar kanta tana da ƙa'ida. Mayafi biyu ne na saƙi mai kauri, ɗaya bisa ɗaya, a bar tazarar taki guda a tsakaninsu don iska ta ratsa. Ana ɗaure ta tsakanin kayan da aka sauke daga raƙuma, kuma ba ta wuce tsawon mutum a zaune ba, domin doguwar rumfa inuwarta tana gudu da sauri idan rana ta karkata. Kafin a shimfiɗa tabarma sai an kwashe rairayin sama an yi rami kamar kamu ɗaya. Wannan gaskiyar hamada ce tsantsa: rairayin sama da tsakar rana yana ƙona tafin ƙafa, amma kamu ɗaya a ƙasa yana da sanyi. Mutum ɗaya ba ya barci, shi ake kira mai gadin inuwa, aikinsa ya riƙa gyara mayafi yana bin rana, yana tura ƙafar duk wanda ya miƙe cikin barci ta koma ciki. Ana canjinsa sau huɗu a wuni. Raƙuma kuwa ana gurfanar da su suna fuskantar rana don inuwarsu ta taru a ƙarƙashinsu. Duk wanda ya zauna da raƙuma ya san su da kansu suke yin haka lokacin zafi, su juya gaba ga rana don kada ta sami faɗin jikinsu.

Tafiya da dare ake yi, amma ba kowane dare ba. Farin wata yana fitar da inuwa, kuma hamada ba ta ƙin ta. Don haka ayari yana shiga ranar ashirin da huɗu ga wata, lokacin da wata ba ya fitowa sai can cikin dare kuma ya rage ƙarfi, ya fita wajen shida ga sabon wata, kafin hasken ya yi kauri. Wanda ya makara da kwana uku a bakin hamada sai ya haƙura ya jira wata mai zuwa. Lokacin shekara kuma hunturu ne, daga Disamba zuwa Fabrairu, don a bazara ruwan da mutum zai sha ya fi ƙarfin abin da raƙumi zai ɗauka. Wuta haramun ce ga ayari bayan faɗuwar rana, ko da kan taba ce. Inuwar da wuta take jefawa doguwa ce, tana miƙewa nesa cikin duhu, hamada ta gutsure ta da baki ɗaya, ƙafa guda a zama guda. Shayi da ɗan abin dafawa da rana ake yin su, da gawayi, a cikin rami, ƙarƙashin rumfa. Sanyin asuba yana tsaga leɓe, amma bargo ne maganinsa.

A dare ɗaya ana tafiyar sa'a tara zuwa goma. Raƙumin kaya yana cin kamar kilomita huɗu a sa'a, wato zango ɗaya bai wuce kilomita arba'in ba. Ana ɗaure akalar kowane raƙumi a kayan na gabansa, jagaba yana gaba, madugu yana baya don ya ga abin da ya faɗi. Kayan amale ba ya wuce abin da zai tashi da shi ba tare da ya yi kuka sau biyu ba, kimanin kilo ɗari da hamsin, kuma dole nauyin ɓangarorin biyu ya zo daidai. Idan ɗaya ya rinjayi ɗaya, akumari ya goge bayan dabba, kwana uku ya zama gyambo, raƙumi mai gyambo kuma ba ya ɗaukar kaya, sai a raba wa sauran, su ma su gaji. Jinkirin da yake cinye inuwar ayari yawanci daga nan yake farawa, daga igiyar da wani ya ɗaure da ganganci a daren farko. Babu ciyawa a Sha-Inuwa, don haka kowane raƙumi na uku harawa yake ɗauke da ita, kuma ana sa wa na bayansa takunkumi don kada ya riƙa figa yana tafe.

Ruwa a salka ake ɗaukarsa. Salkar babbar akuya tana cin lita ashirin zuwa ashirin da biyar. Fatar da aka jeme da bagaruwa ake so, a shafe cikinta da man shanu, a cika ta a rataye kwana uku a gida kafin tafiya, a ga inda take zuba. Salka tana gumi, gumin ne yake sanyaya ruwan, amma shi ne kuma yake rage shi, don haka ba a lissafa ta a cike. Baffa yakan ce a ƙirga salka huɗu a matsayin uku. Kowane mutum yana da uku daga bakin hamada zuwa rijiyar zango na bakwai, rabonsa kuwa moɗa goma a kwana, wajen lita biyar, ana sha kaɗan-kaɗan, mafi yawa da dare lokacin tafiya. Ana rataye salka a gefen da iska take bugawa, a sa mata matashin ciyawa tsakaninta da igiya, don igiya tana cin fata a hankali ba a sani ba. Bakinta da tsirkiya ake ɗaure shi, ɗauri biyu. Guzuri dabino ne da gumba da cuku. Kilishi ba ya shiga ayarin Sha-Inuwa, don yaji da nama suna kiran ruwa. Raƙuma kuwa ana ba su kanwa kwana biyu kafin a tashi don ƙishi ya kama su, sannan a kai su rijiya. Raƙumi mai ƙishi yana iya shanye lita ɗari a tsayuwa ɗaya, kuma a sanyi wannan zai kai shi kwanaki masu yawa.

Rijiyoyi uku ne a hanya. Ta farko, a zango na uku, ita ce Mai Ɗaci. Ruwanta na kanwa ne, raƙuma suna sha su ji daɗi, mutum kuwa idan ya cika ciki da shi zawo ya kama shi, ya zubar da fiye da abin da ya sha. Ana wanke fuska da shi, a jiƙa mayafin rumfa, a wuce. Ta biyu, a zango na biyar, ita ce Mai Zaƙi, kuma a kanta Baffa ya fi daɗewa. Bakinta a ɗaure yake da dutse mai kyau, ruwanta a kusa, garau kamar idon zakara, har da guga sabo a rataye. Wanda ya leƙa ya ga fuskarsa a ciki, inuwarsa duka ta tafi a nan take. Alamarta ita ce tsabtarta: babu kashin raƙumi a gefenta, babu sawun dila, babu ƙuda, babu kurciya da safe. Rijiyar gaskiya a hamada ƙazama ce, ana jin warinta kafin a gan ta, don duk mai rai da ke yankin nan yake zuwa. Ruwan da dabba ta ƙi, akwai dalili. Wanda ya je Unianga, a arewacin Chadi, ya ga irin wannan darasi da idonsa. Tafkuna goma sha takwas ne a tsakiyar rairayi, waɗanda UNESCO ta sa cikin wuraren tarihi na duniya a 2012, kuma mafi zurfi a cikinsu, Yowa, shuɗi ne mai ɗaukar ido, amma gishirinsa ba ya shayuwa. Masu ruwan daɗin su ne waɗanda ciyayi suka lulluɓe.

Ta uku, a zango na bakwai, ita ce Busasshiya, kuma ita ce rayuwar ayari. Idan aka iso za a tarar rairayi ya cike ta. Sai an yashe, a haƙa kamar gaba ɗaya, a jira ruwa ya tsattsafo, guga ɗaya a lokacin da bai kai na dafa shayi ba. Ayari mai mutum ashirin yana cinye wuni guda a nan, kuma an riga an sa wannan wuni cikin lissafin goma sha biyun. Abubuwa uku suke ɓaci a wurin. Igiyar guga ta gaza, shi ya sa ake ɗaukar mai gaba ashirin ko da an ce rijiyar gaba goma ce. Bango ya rufta kan mai yasa, shi ya sa ake ɗaura masa igiya a ƙugu, mutum biyu suna riƙe. Na uku, mutane su ga rairayi a ciki su yanke ƙauna su koma Mai Zaƙi.

Daga Busasshiya sai Farin Fili. Ƙasa ce fara fat, shimfiɗaɗɗiya, mai laushi kamar garin alkama, ƙafa tana nutsewa har idon sawu, ga ƙasusuwan kifi da bawon katantanwa a warwatse. A kan fari inuwa ta fi baƙi, hamada ta fi ganinta, don haka shan wurin ninki biyu ne ko a cikin rumfa. Dole a ratsa shi a dare ɗaya, a tashi tun rana ba ta gama faɗuwa ba, babu tsayawa sai salla. Wannan wuri Baffa bai ƙirƙire shi ba. Kwarin Bodele ne, kudu da Faya ta yamma, gindin tsohon babban tafkin da Tafkin Chadi na yau ragowarsa ne. Farar ƙasar ragowar ƙananan halittun ruwa ce da suka mutu suka taru. Iskar arewa maso gabas tana matsewa tsakanin duwatsun Tibesti da na Enedi, ta fito da ƙarfi ta kwashe wannan gari, kusan kwana ɗari a shekara. Hazon da yake rufe Injamena da Marwa da Kano a hunturu, mai yawansa daga nan yake tasowa, wani ma yana haye teku har dajin Amazon. A cikin Jurab, maƙwabcin wurin, aka samo ƙoƙon kan wata daɗaɗɗiyar halitta mai kama da mutum, wanda ake kira Tumai, a 2001.

Sanin gabas a Sha-Inuwa aiki ne, don tuddan rairayinta suna tafiya da dare, tudun da ka kwana a gefensa ba shi za ka tarar da yamma ba. Ba a riƙe tudu a matsayin alama. Abu uku ake riƙewa. Tauraron arewa, wanda a can yake ƙasa-ƙasa, kamar dunƙulen hannu biyu daga inda sama ta haɗu da ƙasa idan ka miƙe hannu. Iska, wadda mai tafiya arewa zai ji tana bugun kuncinsa na dama. Sai siffar tudun: kowanne kamar jinjirin wata yake, ƙahoninsa biyu suna nuna inda iska ta nufa, wato kudu maso yamma, bayansa mai sauƙin hawa yana fuskantar iska, cikinsa kuma gangare ne mai zubewa. Kaza da 'ya'yanta suna faɗa wa jagaba inda dare ya kai, Gamzaki kuma in ya fito a fara neman wurin sauka. Idan hazo ya rufe taurari, ba a tafiya, ko da lissafi ya matse. Ana gurfanar da raƙumin jagaba kansa yana kallon inda aka nufa, a kwantar da sanduna uku a jere a kan layin, a danne su da kaya. Mutumin da ba ya ganin alama kewaye yake yi yana rantsuwa a miƙe yake tafiya. Dare ɗaya na zama rabin ƙafa ne. Dare ɗaya na ɓata ba a san kuɗinsa ba sai an biya.

Sai Marasa Inuwa, waɗanda yara suka fi so. Su ne mutanen da hamada ta shanye. Ba su mutu ba, ba su kuma rayu ba, suna yawo da kayan zamaninsu. Ba sa zuwa sai tsakanin faɗuwar rana da duhu, lokacin da babu inuwar da za a duba. Sallamarsu daidai, gaisuwarsu daidai, har su tambayi mutanen gida. Wani lokaci ana jin gangar bikinsu daga bayan tudu, ƙara mai zurfi da ake ji a ƙirji. Wannan ƙara akwai ta a hamadar gaske, rairayi ne busasshe yake yin ta idan ya zube a gangaren babban tudu. Madugu yana ƙirga mutanensa sau biyu a kwana, da sauka da tashi, da suna, kowa ya amsa da bakinsa. Idan ƙirga ta ragu an san abin yi. Idan ta ƙaru da ɗaya, to a nan ake bin ƙa'ida. Ba a korar baƙo, ba a hana shi ruwa, don hana ruwa a hamada ba halin mutum ba ne. Ana zuba masa moɗa ɗaya a ajiye a ƙasa, ba hannu da hannu ba. Ba a faɗa masa sunan kowa. Kuma duk yadda ya rantse cewa ga rijiya nan bayan tudun can, tafiyar shan shayi ɗaya, ba mai bin sa. Wanda ya bi, gobe da magariba shi zai dawo yana sallama.

Jiki yana faɗin abin da sanda za ta faɗa, kuma Baffa yana sa mu haddace shi kamar karatu. A ƙafa biyar, ciwon kai da saurin fushi, fitsari ya yi ja ya ragu. A huɗu, mutum ya fara ɓata ƙirga, a tambaye shi zango nawa aka yi ya kasa. A uku, gumi ya tsaya, harshe ya yi kauri, idan aka ja fatar bayan hannu ba ta komawa da wuri, kawalwalniya kuma ta fara yi masa kama da tafki har da itatuwa. A biyu, ya fara tuɓe riga, ya tashi ya bar ayari yana cewa ana kiransa. Irin wannan ɗaure shi ake yi a kan raƙumi, a lulluɓe shi da jiƙaƙƙen mayafi. Duk wanda ya taɓa ganin wanda ƙishi ya kama a hanyar arewa ya san ba inuwa ake siffantawa ba, matakan bushewar jiki ne ɗaya bayan ɗaya, a jeren da suke zuwa. Wanda ya fita da ƙafa ɗaya ba a ba shi ƙwarya ya kafa kai, zai amayar. Ana zaunar da shi ƙarƙashin icce mai rai, a riƙa ba shi da ludayi, kurɓi-kurɓi, da dabino da ɗan gishiri, inuwarsa tana dawowa ƙafa ɗaya a mako. A yau ma'aikatan lafiya suna koyar da haɗin da ya yi daidai da wannan: lita ɗaya ta ruwa mai tsabta, ƙaramin cokali shida na sukari, rabin ƙaramin cokali na gishiri.

Abin da ya sa wannan ya dame ni shi ne samarinmu. Tun da aka sami zinariya a Tibesti wajen 2013, suke ɗunguma arewa, har Kuri Bugudi a bakin iyakar Libiya, a bayan Toyota, mutum ashirin a kan kaya, kowa da jarka ɗaya, wadda mu nan muke kira bido. Daga Injamena zuwa Faya kawai kusan kilomita dubu ne, ta Masaguet da Musoro, kuma bayan Musoro hanya sawun taya ce. Suna lissafin ruwa da kwanakin da direba ya ce za a yi, ba sa lissafin kwanakin da mota za ta yi a tsaye. Ga abin da hanya take buƙata. Ruwan mutum ya zama na ninkin kwanakin tafiya, lita biyar a kwana a sanyi, goma a zafi, kuma a jarka biyu, don jarkar roba a kan ɗinkinta take tsagewa idan ta sha girgiza. Ruwan lagireto daban, kada a haɗa lissafinsu. Mota ɗaya ba ta shiga ita kaɗai. A rairayi ana rage iskar taya zuwa wajen kilo ɗaya a ma'aunin iska ga ƙaramar mota, a mayar idan an hau tsakuwa, in ba haka ba dutse ya yanka gefenta. Wuri mai laushi da sassafe ake ratsa shi, lokacin da rairayi ya kwana ya yi sanyi ya ɗan kama jikinsa. Idan taya ta fara haƙa a ɗaga ƙafa nan take, a yashe, a sa faranti a ƙarƙashin taya, don ƙara wuta ƙara binnewa ne. Ba a hawa tudu da gudu ba a san bayansa ba. A yankunan da aka yi yaƙin Chadi da Libiya a shekarun 1980, irin su Wadi Dum, akwai nakiyoyi a binne har yanzu, don haka ba a sauka daga sawun da motoci suka bi, ko don kama ruwa.

Idan mota ta mutu, a zauna wurinta. Mota ana hango ta daga nesa, mutum a ƙafa ba a hango shi. A ɗaura bargo biyu a gefenta, a kwashe rairayin sama, a kwanta, a rufe baki, kada a motsa sai rana ta yi sanyi. Tayar safaya ana sace mata iska a ƙona ta da rana, baƙin hayaƙinta yana tashi sama sosai. Mutum ɗaya ya riƙe ruwa da moɗa, ya riƙe ƙirga. A irin wannan zama kullum ana samun wanda zai miƙe a rana ta biyu ya ce ya san wata rijiya nan kusa.

Yadda Baffa yake rufe tatsuniyar babu sarauta, babu auren 'yar sarki. Ayari ya fito a zango na goma sha biyu, an ga icce na farko, madugu ya tsayar da kowa kusa da sandarsa da La'asar, ya bi layi yana kiran suna yana faɗin abin da ya rage wa kowa: wane ƙafa ɗaya, wane rubu'i uku, wane rabi. Sannan ya ƙirga sanduna, ya ƙirga mutane. Idan sanda ta fi mutum yawa, a kafa ta a nan bakin hamada a bar ta. Daga nan sai ƙurunƙus.

Na sare wa babban jikana tasa sandar bara da kaka, ta aduwa, tana soke a rufin zaure tana bushewa. Yaro ne mai tasowa, don haka na bar mata rarar taki ɗaya, sai ranar awo za a datse.